Sunaye Tara da Kawu Ya Bar Mini

Daga Allah muke, gare Shi za mu koma, Kawu kuma ya riga mu tafiya. Ya rasu ranar Talata da hantsi, cikin sanyin farkon shekarar 2015, a shaƙƙarsa, wato sashen bene da yake haya, da ke hawa na huɗu a unguwar Hayyin Ashir ta Alƙahira, kuma kafin a kira la'asar mun dawo daga maƙabarta da yashi a takalmanmu. Shi ne yayan mahaifiyata, uwa ɗaya uba ɗaya. Shekara talatin da shida ya yi a Alƙahira bai ƙara taka Kumasi ba.

Ban san Kawu yana da jama'a haka ba sai ranar. Bawwab ɗin gidan, wato mai gadin ƙofa, wani dattijo mutumin kudancin Masar da ban taɓa ganin ya yi sauri ba, shi ya riƙa hawa da sauka da kujerun da ya aro daga gidan shayi, yana share hawaye da gefen rawani. Matan Sudan maƙwabta, ƙawayen marigayiya matar Kawu, suka mamaye madafa suka hana kowa shiga. Ɗalibai kuwa har kan matakala, 'yan Kano da 'yan Damagaram da 'yan Tamale, kowa da juzu'insa a hannu. Na duba na ga kusan rabinsu jallabiyar da ke jikinsu ɗinkin Kawu ce, don tela ne, shagonsa na nan ƙarƙashin bene. Wani Bakatsine ya miƙa ƙafa ya nuna mana tasa da ta tsaya masa a ƙwauri, ya ce ranar da ya yi ƙorafi, Kawu cewa ya yi ai sunna ya ɗinka masa, kamata ya yi ya yi godiya. Aka ɗan yi dariya, sai shi mai ba da labarin ya sunkuyar da kai ya kasa ɗagowa.

Ana cikin karatu muka ji kuka yana hawowa daga ƙasan bene. Wata mata ce, ta ɗaura jan zane ta yafa baƙi, ta ɗora hannu biyu a ka, tana kiran Kawu da Tonanci. Tonawa dai shi ne sunan da mu Hausawan Zango muke kiran Asante da sauran 'yan'uwansu na Akan. Karatu ya tsaya cak. Wani ustazu da ke gefena ya ce a je a gaya mata wannan ba koyarwar addini ba ce, amma kafin kowa ya motsa, 'yar Kawu ta fito daga wajen mata, ta tare ta a bakin ƙofa, ta rungume ta, ta ja ta ciki. Ustazun ya tambaye ni ko wacece, na ce ƙanwar mamacin ce. Ya riga ya hango gicciye a wuyanta, saboda haka ya yi mini kallon wanda ya shara ƙarya a gidan makoki. Ban yi ƙarya ba, bayanin ne yake da tsawo.

Duk wanda zai fita sai ya kama hannuna ya ce in yi haƙuri, yanzu ni ne a madadinsa. Akwai aiki ɗaya da Kawu ya bar mini: a rana ta uku in kira ƙauyen mahaifiyarsa in shaida musu ɗansu ya rasu. A can ba sa karɓar irin wannan saƙo daga bakin wanda ba su sani ba, sai ya jero musu sunayen iyaye mata na gidan, tun daga wadda ta haifi mamacin har zuwa wadda ta kafa gidan. In ya kasa, wanda ya mutu baƙo ne, ba ruwansu. Sunayen tara ne. Huɗu kawai na riƙe.

Kakana na wajen uwa Bakano ne, falken goro, wanda ya sauke kaya a Zangon Kumasi bai ƙara ɗauka ba. Ya auri wata yarinya daga wani ƙauye cikin kurmi, yamma da Kumasi, ta musulunta, ta haifa masa Kawu, sai bayan shekara goma sha biyar ta haifi mahaifiyata. A wajenmu Hausawa ɗa na uba ne. A wajen Tonawa kuwa jini ta wajen uwa yake bi. Gidan uwarka shi ne gidanka, su ke da kai kana raye, su ke da kai in ka mutu, kuma magajin mutum ɗan 'yar'uwarsa ne ba ɗan cikinsa ba. Wannan dangi na uwa shi suke kira abusuwa. Kawu yakan ce shi ɗan gata ne tunda kowane ɓangare na cewa nasa ne, illar abin kawai ita ce kowa ya aike shi dole ya je.

Na iso Alƙahira a ƙarshen 2011, gari bai gama lafawa daga juyin juya hali ba, da gurbin karatu a hannu da girman kai fal ciki. Kawu ya zo tarbata filin jirgi cikin wata kwat da ta girme ni. Ya daɗe yana kallon fuskata, ya ce goshin mahaifiyarsa ne sak. Ya tambayi mahaifiyata, ya tambayi ƙannena mata ɗaya bayan ɗaya, amma bai tambayi lafiyar mahaifina ba sai da muka isa gida, shi ma don 'yarsa ta tuna masa.

Haka yake yi wa duk ɗan Gana da ya leƙa shagonsa. Kafin ya tambayi sunanka zai ce, uwarka 'yar wane gida ce? Gidajen takwas ne, in ji shi, kowanne da dabbar da yake girmamawa, kuma duk inda ka je a ƙasar Akan, daga bakin teku har inda kurmi ya ƙare, su ɗin dai za ka tarar. In yaro ya ce shi ɗan hankaka ne, sai Kawu ya ce ba mamaki, kun fi kowa yawa kun fi kowa baki. In ɗan shaho ne, gidan da ke riƙe da babbar sarautar Kumasi, sai ya yi kamar zai miƙe daga kan keken ɗinki don girmamawa, sannan ya koma ya zauna ya ce duk da haka sai mako mai zuwa za a gama ɗinkin. Akwai na damisa da na ɓauna da na aku da na jemage, akwai ma na ungulu, wanda ya hana mu yi wa dariya don ya ce babu mai tsabtace gari kamarta. Yawancin yaran 'yan Zango ne, ba su da amsa, sai su yi ta sosa kai. Wanda ya sani kuwa, ranar ya sha shayi da madara.

Mu namu gidan Aduwana ne, dabbarmu kuma kare. Na tuna ranar da ya gaya mini, na ce a zuciyata duk dabbobin dawa an rasa wadda za a ba mu sai mai najasa. Ya ga fuskata, ya ce in sake ta, labari ne mai kyau. Kamar yadda mahaifiyarsa ta ba shi, mutanen farko na gidanmu daga wani rami suka fito a tsakiyar kurmi, cikin duhu da sanyi, ba su san inda za su nufa ba. Sai ga kare da garwashi a baki, ya shige gaba suka bi shi, kuma da wutar nan suka dafa abincinsu na farko. Wasu tsofaffin kuma sun ce daga sama aka sauko da su da sarƙar zinariya. Daga nan gidan ya yi ta rabuwa, wasu suka yi arewa, wasu suka gangara teku, wasu suka tsallaka inda daga baya Turawa suka ja iyaka. Na tambaye shi wanne ne gaskiya, ramin ko sarƙar. Ya ce shi dai bai halarta ba.

Wanda ya zauna a Ashir ya san karnukan unguwar, waɗanda ke kwana kan motoci suna bin ɗalibai da haushi a hanyar masallaci. Kowa da dutsensa a aljihu, ban da Kawu. Kullum da safe zai jiƙa busasshen burodi da sauran romon jiya, ya sauka da shi a wani tsohon kwano, ya ajiye bayan shago. Ba ya taɓa su, ba ya bari su shinshini rigarsa, don mutum ne mai kiyaye tsarki fiye da mu masu yi masa wa'azi. Amma in ya ga wani ya ɗaga dutse zai ce, bari, sun taɓa yi mana haske. Ɗalibai suka sa masa suna Shehin Karnuka a bayan idonsa. Ya ji, ya ce ba laifi, da ma bai samu wancan shehuntakar ba.

Da gaske bai samu ba, kuma abin ya ci shi har ya mutu. Mahaifiyarsa ta rasu yana ɗan shekara ashirin, mahaifiyata tana da biyar. Shi ne wanda take tafiya da shi ƙauye duk shekara, shi ta koya wa sunayen, kuma kafin ta cika ta ce ya miƙa su ga ƙanwarsa da 'ya'yanta. Sai aka ba wa wata goggo riƙon mahaifiyata, ita kuwa ba ta son ko a ambaci kurmi a gidanta. Da Kawu ya samu hanyar Masar, ya ce shekara huɗu ce kawai, in ya dawo da shahadar kammala karatu a hannu babu mai hana shi koya wa ƙanwarsa abin da ya ga dama. Karatun ya ƙi, aure ya zo, keken ɗinki ya riƙe shi. Kunyar komawa hannu biyu ta yi ta ɗaga tafiyar, bana sai baɗi, har waɗanda suka san fuskarsa a ƙauyen suka ƙare.

Shi ya sa zuwana ya zame masa kamar an sauke masa kaya. Ina zaune da wasu ɗalibai a wani sashe na Madinat Nasr, amma duk Juma'a bayan la'asar sai in hau mikrobas, ƙaramar motar haya, in zo, a ba ni abincin gida, a zaunar da ni. Ba ya yarda a rubuta, don ya ce uwarsa ba ta rubuta ba. Kuma ba ya ba da suna tsirara. Kowace mace da garin da ta zauna, da abin da ya tashe ta, da 'ya'yan da ta binne, kuma ba za a wuce ta ba sai na iya mayar masa da labarin ba gargada. Ta farko kakata ce. Ta biyu maginiyar tukwane ce wadda ba ta taɓa hawa mota ba. Ta uku ita ce ta tsallaka kogi da tagwaye lokacin wani yaƙi, ɗaya a baya ɗaya a ka cikin ƙwarya. Ta huɗu an zo neman ɗanta a ɗora shi kan kujerar sarautar ƙauyen, ta ce ba ta bayarwa, na gaba da shi duk sun mutu da ƙuruciya. Shekara biyu muka yi a kan mata huɗu, kuma laifina ne. Yau jarrabawa, gobe layin sabunta iƙama, takardar izinin zama, jibi ciwon kai. In na zo ma hankalina na kan tukunya.

Sau ɗaya ya gaya mini abin da yake so ƙarara, yana zare zare daga bakin allura.

"Ban ce a zuba mini giya a ƙasa ba, ban ce a kaɗa mini ganga ba. A binne ni inda na faɗi, yadda addini ya ce. Amma a can, ina so tsohuwar gida ta tara su ta ce ɗanmu ya rasu. Kada a ce wani baƙo ne ya mutu a Masar."

Na ce in sha Allahu, irin wadda ake faɗa don a rufe magana.

'Yar Kawu ita kaɗai ce Allah ya ba shi. Ta girme ni da shekara bakwai, ina kiranta Yaya. A Alƙahira aka haife ta, tana koyarwa a wata ƙaramar makarantar 'yan Sudan, Larabcinta na 'yan gari ne, Hausarta kuma ta mahaifiyarta ce, wadda kakanninta suka taso daga ƙasar Hausa za su Makka suka tsaya a Sudan. Tonanci ko na gaisuwa ba ta ji. Tunda taubasai muke, ni ɗan mace ita 'yar namiji, tun ranar farko ta ce ta samu bawa, ta miƙa mini tsintsiya. Kawu ya yi dariya ya ce ta bi a hankali, a gidan uwarsa wannan bawan shi ne maigida. Ita ma ta yi dariya, amma na lura ba ta ƙara yin wasan a gabansa ba.

Sunan mahaifiyarsa ya sa mata, saboda haka ba ya kiranta sai da Uwata. Yana sonta so irin wanda ba ya ɓoyuwa. Ita ce ke yanke masa farce, shi ne ke jiran ta a bakin titi in ta yi yamma. Duk da haka, wata Juma'a da ta ajiye mana shayi ta ɗan tsaya, ta ce ko za ta zauna ta ji labarin mai tagwayen, sai ya ce mata, "Ba naki ba ne, Uwata. Ke kina da naki." Ya faɗa a hankali, har da murmushi. Ta ce tamam, ta ɗauki faranti ta fita. Na ji haushinsa ranar, amma ni abin da ya fi damuna shi ne a gama in kama mota.

Matar nan mai jan zane, a mikrobas Kawu ya tsince ta. Ya ji tana magana a waya da Tonanci tana kuka. Aikatau take yi a wani gida, ta kwanta ciwo, aka haɗa mata kayanta. Mutuniyar can kusa da iyaka ce, Kirista, garinsu ma Kawu bai taɓa jin sunansa ba. Ya yi mata tambayarsa ta kullum, ta ce Aduwana. Shi ke nan, a wajensa magana ta ƙare. Ya kawo ta gida ya ce wa Yaya ga ƙanwarsa. Wata uku ta yi a ɗakin Yaya, Yaya ce ke kai ta asibiti, ita ke dama mata kunu. Da ta fara samun sauƙi, ranar Lahadi Kawu kan raka ta har ƙofar coci, ya zauna a gidan shayi na tsallaken titi yana jan carbi har a tashi. Daga baya ta samu ɗaki a unguwar Ard al-Liwa. Ranar da ta tafi, ina taya Yaya naɗe katifa, ta ce mini ba tare da ta dube ni ba, wai wadda aka tsinta a mota ƙanwa ce, wadda aka haifa a gida kuma baƙuwa. Ban taɓa jin ta yi ƙorafi ba sai ranar.

Rigimarmu ta faru ne a 2013, lokacin da aka sa dokar hana fita kuma Madinat Nasr ta zama abin tsoro. Mu biyar muka tare a gidan Kawu, ni da abokan zamana. Ranar Juma'a ta zo, ya kira ni kamar kullum, ya ce yau za mu shiga ta biyar. Abokaina na zaune, cikinsu har da wanda nake kishin iliminsa. Ni kuma a lokacin na fara jin kaina malami, na karanta babi biyu uku a kan alfahari da dangi. Sai na gyara zama na ce masa gaskiya wannan abu da'awar jahiliyya ce, Musulmi ba ya jingina kansa ga kare, nasaba kuma ta uba ce. Na jawo aya, na jawo hadisi, na kawo sunayen littattafai da shafukansu. Ina magana ina satar kallon abokaina in ga ko sun yaba.

Kawu ya fi ni sanin duk abin da na jawo, a shagonsa na ga littattafan tun kafin in iya buɗe su. Amma bai mayar mini da ko ɗaya ba. Ya tattara kofunan da kansa, abin da ba ya yi, ya ce, "Khalas. In ka huce ka dawo. Tana nan tana jiranka."

Ban huce da wuri ba. Na ci gaba da zuwa cin abinci, yana tarbata da fara'a, yana rage mini wuyan riga, bai ƙara tayar da maganar ba, ni ma na ji daɗin hakan. A raina ina cewa akwai lokaci, in na gama shekara ta uku zan zauna in karɓe su gaba ɗaya, in ma ya ƙi rubutu in naɗe muryarsa a waya a ɓoye. Wata bakwai muna haka. Sai wata safiya a 2014 bawwab ya same shi a shago ya kife kan keke, ɓarin jikinsa na dama ya shanye, harshe ya tafi.

Wata goma ya yi a kwance. Idonsa na nan ras, yana gane kowa, amma in ya buɗe baki sai wani sauti da ba ya zama kalma. Yaya ta ajiye aiki ta zauna da shi. Ni kuma sai ga ni kullum, yanzu da zuwan ba shi da amfani. Wata rana da yamma ina gyara masa matashi, ya kama hannuna da hannunsa na hagu, ya lanƙwasa mini yatsa ɗaya, biyu, uku, huɗu. Ya riƙe babban yatsan, ya yi ta ƙoƙari, jijiyar wuyansa ta tashi, leɓensa na rawa. Sunan na bakinsa, ina ganinsa, amma ya ƙi fitowa. Daga ƙarshe ya saki hannuna ya juya fuska bango. Na fita kan matakala na yi kuka irin wanda ban yi ba ko a ranar da muka binne shi. Na nemi gafararsa sau da yawa bayan nan, yakan ɗaga kai alamar ya yafe, kuma na yarda ya yafe. Yafiyar dai ba ta dawo da ko suna ɗaya ba.

Washegarin rasuwar Kawu, mahaifiyata ta kama hanyar ƙauyen daga Kumasi. Ba ta san hanya ba, 'yan'uwan matar Ard al-Liwa ne suka yi ta tambaya har aka gano. Ranar Alhamis da safe aka yi addu'ar uku, mutane suka watse, bawwab ya mayar da kujerun gidan shayi. Bayan la'asar na zauna a falo kan tabarmar Kawu na kira. Mahaifiyata ta ɗauka tana magana ƙasa-ƙasa. Ta ce an ba ta kujera an ba ta ruwa, amma tsohuwar gida ta ce ita abin da ta sani, an taɓa yin wata yarinya da ta auri mutumin Zango, daga nan ba wanda ya ƙara waiwayarsu. In da gaske jininta ne, wanda ya binne mamacin ya faɗi daga cikin wa suka fito. Na ji a muryar mahaifiyata cewa ta dogara da ni ɗari bisa ɗari, don Kawu ya sha gaya mata yaron yana koyo.

Aka kara wa tsohuwar waya a kunne. Na gaishe ta da Tonancin kasuwa da na tashi da shi, ta amsa a taƙaice ta ce tana ji. Na faɗi kakata. Na faɗi mai tukwane, na faɗi mai tagwaye, na faɗi wadda ta hana ɗanta sarauta. Sai na tsaya. Ina jin kaza na kuka a can, wani yana tari. Tsohuwar ta ce waɗannan huɗun ko maƙwabta sun san su, in ci gaba. Na fara haɗa kalmomin da zan ce mata ban sani ba.

Yaya ta shigo da faranti za ta kwashe kofuna. Ta dube ni, ta ajiye farantin, ta durƙusa gefena, ta kawo bakinta kusa da kunnena ta faɗi wani suna, da sunan wani gari. Na maimaita a waya kamar aku. Ta faɗi na shida, na maimaita. Harshenta ba ya lanƙwasa su yadda Batoniya za ta yi, amma ba ta yi gargada ko sau ɗaya ba. A na takwas na ji muryar tsohuwar tana bin tawa. Da na faɗi na tara, wadda ta fara share wurin ta kafa murhu, sai mata suka ɗauki kuka a can gaba ɗaya, na tsinci muryar mahaifiyata a ciki.

Da aka lafa, tsohuwar ta ce ɗansu ne, za ta tara gida ta faɗa, za a ambace shi tare da nasu da suka riga mu. Ta ce ƙanwarsa ta kwana, akwai ɗakin uwarta. Ta ce kawuna ya yi tarbiyya, yaran yanzu ko uku ba sa kaiwa. Na ce na gode. Wallahi haka na ce, Yaya na durƙushe a gefena. Sannan ta tambaya ko ya bar 'ya'ya, na ce mace ɗaya. Ta ce a gaishe ta, a gaida danginta.

Na kashe wayar na tambayi Yaya inda ta samo su. Ta ce tun tana rarrafe, kullum da safe in ya gama wuridi yakan jero su a hankali don kada ya manta, ita kuma tana nan. Na ce me ya sa duk watannin nan ba ta gaya mini ba. Ta ce ban tambaya ba, kuma shi ya ce ba nata ba ne, ba ta ga yadda za ta ba da abin da ba nata ba yana kwance yana kallo. Sai ta tambaye ni abin da tsohuwar ta ce daga ƙarshe, don ta ji muryata ta sauya. Na ce ta ce a gaishe ta.

"Ta ce kuma a gaida dangina, ko?"

Na ce mata haka ta ce.

"Haka Baba ya ce za su ce. Ina shekara goma sha biyu ya gaya mini. Ya ce ba ya so in je in tsaya a ƙofar da ba za a buɗe mini ba." Ta ɗauki farantinta ta miƙe. "Ta bakwai ba ka faɗe ta daidai ba, sa'a ka ci tsohuwa ce. Gobe Juma'a, ka zo bayan la'asar. Ƙannenka mata za su buƙace su."

Na rubuta wannan ne don kada a manta da Kawu, kuma don waɗanda suka yi ta kama hannuna suna cewa ni ne a madadinsa su san ba ni na kai shi gida ba. Allah ya jiƙansa, ya yalwata masa kabari, ya sada shi da mahaifiyarsa cikin rahama. Ni kuma Allah ya yafe mini biyar ɗin da na ƙi karɓa daga bakinsa. Ita kuwa wadda ta kai shi har ƙofa ta tsaya a waje, ya Allah ka zame mata dangi.